Daga risho zuwa tukunyar gas: lissafin da ba ya fitowa a farashin kilo

Wata Lahadi cikin watan Janairu ina ɗakin gwaggona a Gwale, mun sa kaskon wuta a tsakiya kowa ya miƙa hannu, sai ga kiran ɗanta na fari, wanda ke aikin jinya a Belfast, can Ailan ta Arewa. Bayan gaisuwa ya ce a yi masa uzuri, gidan a hargitse yake, ma'aikata sun zo cire tankin kananzir za a mayar da gidan kan gas. Gwaggo ta dubi wayar, ta dube ni.

"Kananzir kuma? Kai ɗan nan, ashe Turawan ma da risho suke fama?"

Ba risho ba ne, amma ba ta yi nisa da gaskiya ba. A yankin da yake zaune, wajen gida 6 cikin 10 da mai ake ɗumama su, kuma man nan kananzir ne irin namu. A bayan gida ake girke tanki mai cin lita 1,000 ko fiye. Siririn bututu ya ɗauko man ya kai shi wata tukunya da suke kira boila, ita kuma ta ƙona shi ta zafafa ruwa, wani ɗan inji ya tura ruwan zafin cikin bututai zuwa faya-fayan ƙarfe da ke manne a bangon kowane ɗaki. Ruwan ya saki zafinsa, ya huce, ya komo tukunya, haka dare da rana har sanyi ya wuce. A Amurka ma akwai gidaje kusan miliyan 5 masu irin wannan tsari, yawancinsu a arewa maso gabas, sai dai nasu man ya fi kusa da dizal, wanda mu nan, don ƙarin ruɗani, muke kira man gas.

Mayar da irin wannan gida kan gas aiki ne ja. Tambayar farko ita ce ko bututun gas ya bi ta layinku. Belfast sai a 1996 gas ya iso ta, ta bututun da aka shimfiɗo a ƙarƙashin teku daga Sikotlan, kuma har yau akwai ƙauyukan da bai kai ba. In ya bi ta ƙofar gidanka, sai a haƙa daga titi zuwa bango, a kafa mita, a cire tsohuwar tukunya a sa sabuwa, a fitar mata da hanyar hayaƙi, a wanke tsatsar da ta taru cikin bututan ruwa, sannan a tsiyaye tankin man a ɗauke shi. In an yi rashin sa'a tankin ya daɗe yana yoyo, har ƙasar wurin sai an kwashe. Kuma doka ba ta yarda kowane mai sifana ya taɓa aikin gas ba, sai wanda ke da rajista.

Masu tallan gas a can suna yawan cewa da zarar ka sauya za ka ga sauƙi, kuma ana gani ɗin. Amma wani ɓangare na sauƙin ba na gas ba ne, na sabuwar tukunya ne. Tsofaffin tukwane kan yi asarar kashi 30 ko 40 cikin 100 na zafin ta hanyar hayaƙi, sababbin kuwa suna tatso zafin da ke cikin tururin hayaƙin kafin ya fita, har su amfani fiye da kashi 90. Wanda ya cire tukunya mai shekara 25 ya sa sabuwa zai ga bambanci ko da bai bar mai ba. Abin da gas ya fi mai da shi da gaske: ba ya toka da baƙi, ba a sace shi da dare kamar yadda ake zuƙe tankin mutane, kuma hayaƙinsa mai ɗumama duniya ya gaza na mai da kusan kashi ɗaya cikin huɗu.

Da na tambayi ɗan'uwan nawa wanne ne cikin waɗannan ya ja ra'ayinsa, sai ya yi dariya ya ce ba ko ɗaya. Shi abin da ya ishe shi, mai ba a sayensa kaɗan-kaɗan. Motar ba ta zuwa sai ka ce a zuba lita 500 ko 900, ka biya a dunƙule, kuma tankin ba ya tashi ƙarewa sai tsakiyar wata. Gas kuwa mita ce mai kati, kamar yadda muke sa wa mitar lantarki: in da fam goma gare ka ka sa na fam goma.

Wannan magana ita ta tsaya mini a rai, domin a Kano abin a juye yake. A can mai ne na dunƙule, gas na tsinta-tsinta. A nan kananzir ne na tsinta-tsinta, gas ne na dunƙule. Kuma a ganina, a can da nan ɗin duka, yadda ake biyan kuɗin shi ke yanke wa gida hukunci, fiye da yawan kuɗin kansa.

Mu dai ba gida muke ɗumamawa ba, mutum muke ɗumamawa. Sanyinmu wata biyu ne zuwa uku, daga Disamba zuwa Fabrairu, da asuba ya sauka wajen digiri 12, wani lokacin ƙasa da haka, rana na ɗagawa kuma ya sake mu. Ba mai hankalin da zai zagaye gida da bututai saboda wannan. Abin da muke bukata ruwan wanka ne da na alwala, shayi ko koko, ɗumamen tuwo, sai ɗan kasko a ɗakin tsoho ko mai jego. Shekara da shekaru risho ne ke ɗaukar rabin wannan aiki a gidajen birni. Yana cikin kayan ɗakin amarya, kusa da tukwane. Kowane lungu akwai gidan da ake sayar da kananzir a kwalba, yaro ya je da Naira ashirin ya dawo da abin da zai kai gobe.

Ba mu muka bar kananzir ba, shi ya bar mu. Da can farashin gwamnati Naira 50 ne lita, ko da yake 'yan kaɗan ne suka taɓa sayensa a haka, don kafin ya iso kwalba ya bi ta hannu uku ko huɗu. A Janairun 2016 aka janye tallafinsa. A lokacin matatunmu ba sa aiki, sai an shigo da shi da dala. Ga shi kuma uwa ɗaya uba ɗaya suke da man jirgin sama, ana kuma iya gauraya shi da dizal, don haka duk mai tanka yana da masu saye da suka fi matar gida ƙarfin aljihu. Zuwa ƙarshen 2022, alƙaluman Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa sun nuna matsakaicin farashin lita ya haura Naira 1,000. Makamashin talaka ya zama mafi tsada a kasuwa.

Da risho ya mutu, gidaje sun rabu biyu. Wasu suka haura zuwa gas. Wasu, kuma suna da yawa, suka gangara zuwa gawayi da itace, kamar yadda aka yi a shekarun 1990 lokacin da wahalar kananzir ta haifar da murhun nan da aka laƙaba wa sunan Abacha. Duk wanda ke bin titin Zariya ya ga manyan motoci shaƙe da buhunan gawayi suna shigowa gari ya ga wannan rukuni na biyu da idonsa.

To, me ya sa ba kowa ya tafi gas ba, tunda lissafi yana bayansa? Bari mu fara da lissafin, don mutane da yawa suna kwatanta kilo da lita kamar abu ɗaya ne. Zafin da ke cikin kilo ɗaya na gas ya kai na lita ɗaya da sulusi na kananzir. Wannan tun kafin a kunna ke nan. Bayan an kunna, kan gas mai kyau yana isar da fiye da rabin zafinsa cikin tukunya, risho mai lagwani kuwa wajen kashi 40 cikin 100, sauran ya bi iska ya bar wa tukunya baƙi. In aka haɗa biyun, kilo ɗaya na gas yana yin aikin da sai kusan lita biyu na kananzir za su yi. Ma'ana, ko da kilon gas ya fi litar kananzir tsada da rabi, har yanzu gas ne mai sauƙi. Gawayi a kurfoti na gargajiya ya fi su duka ɓarna, don da ƙyar kashi ɗaya cikin huɗu na zafinsa ke shiga tukunya, kuma ba a kashe shi da murɗa maɓalli: an gama girki yana nan yana ci.

A kawo shi kan bokitin wanka. Ruwa lita 20 da ya kwana a randa ya yi sanyi ƙarara, a ɗaga shi daga digiri 15 zuwa 45, zai ci gas wajen giram 100, wato kashi ɗaya cikin goma na kilo. Tukunya mai kilo 12.5 ke nan za ta ba da bokiti sama da 120 in ba a yi komai da ita ba sai wannan. Gida mai mutum takwas, kowa da bokitinsa kullum, da kaɗan tukunyar za ta wuce mako biyu. Shi ya sa maigidan da ya saba gas ɗinsa na kai masa wata guda, da hunturu ya shigo sai ya fara zargin mai shago da tauye mudu, ko ya zargi yara da wasa da wuta. Wataƙila mai shagon ya tauye, za mu zo kansa, amma yawanci ruwan wanka ne ya shanye. Rufe tukunyar ruwa da murfi, da kare wutar daga iskar tsakar gida, suna rage cin gas fiye da yadda ake zato.

Ba a nan gizo ke saƙar ba. Kafin ka ci wannan riba sai ka biya kuɗin shiga: tukunya, kan girki, regileta, tiyo, sannan cikon farko. Risho kuwa yana nan tun na aure, kurfoti kuma maƙeri zai yi maka a Ƙofar Wambai da ɗan abin da bai taka kara ya karya ba. Magidancin da ke fita kullum ya samo na cefane ba ya lissafin wata, lissafin yau yake. Gawayin ɗari biyu a leda ya fi gas tsada in aka tara na wata, ya sani sarai, ba sai ɗan boko ya zana masa a takarda ba. Amma ɗari biyun ce a hannunsa. Ga kuma gidan haya mai ɗaki goma da madafi ɗaya, inda tukunyar gas ba ta da wurin zama sai cikin ɗakin kwana, in an bar ta a waje kuma a wayi gari ba ita. Akwai masu gidan da ke gindaya sharaɗi tun ranar biyan haya cewa ba a shigo musu da gas.

Ƙasashen da suka yi wannan sauyi da gangan, ta kuɗin shigar suka fara. Indunusiya a 2007 ta ga tallafin kananzir zai karya ta, sai ta raba ƙananan tukwane masu kilo 3 da kan girki kyauta ga gidaje sama da miliyan 50, tana janye kananzir daga unguwa bayan unguwa. Abin ya karɓu, sai dai yau mafi yawan gas ɗin da take ƙonawa shigo da shi take yi, tallafin da ta gudu ya tare ta ta wata ƙofar. Indiya ta ƙaddamar da shirin Ujjwala a 2016, ta haɗa wa mata matalauta sama da miliyan 100 gas. Can kuma aka gano cewa ba da tukunya daban, sake cika ta daban: gidaje da yawa in na farko ya ƙare sai su koma itace har a samu kuɗin ciko. Mu nan Shugaba Buhari ya ayyana 2021 zuwa 2030 a matsayin shekaru goma na gas, amma tukunyar da ke yawancin gidajen Kano mai gidan ne ya saya da guminsa, ko iyayen amarya.

Abin da ya yaɗa gas a Kano, a gaskiya, ba shirin gwamnati ba ne. Abu biyu ne: ƙaramar tukunya mai kilo 3 ko 6 wadda ake ɗaura wa kai a sama, ba tiyo ba regileta, da kuma shagon unguwa mai sikeli. Ranar da aka fara cewa "Malam, sa min na dubu ɗaya", ranar gas ya zama kananzir. Kasuwa ta gano abin da ɗan'uwana ya gano a Belfast, ta mayar da na dunƙule na tsinta-tsinta. Daga Kurna zuwa Sheka, daga Ɗorayi zuwa Hotoro, da wuya ka yi tafiyar minti goma ba ka ga manyan tukwane jere a ƙofar shago ba.

Sai dai maganin nan da cutarsa ya zo, kuma don a fahimci cutar sai an san halin abin da ke cikin tukunyar. Gas ɗin girki, wanda ake kira LPG, haɗin furofen ne da biyuten, an matse su sun zama ruwa. Girgiza tukunyar za ka ji shi. In ya fita ya koma iska, yana kumbura wajen sau 250. Ya fi iska nauyi, don haka in ya yi yoyo ba sama yake yi ba, kwanciya yake a ƙasa kamar ruwa, ya bi ƙarƙashin gado, ya gangara kwata, ya taru a lungu. Kashi 2 cikin 100 kacal na iskar ɗaki in ya zama gas, tartsatsin makunnin fitila ya isa. Shi kansa ba shi da wari, warin nan mai kama da ruɓaɓɓen ƙwai da gangan ake zuba masa don hanci ya yi gargaɗi. Kananzir halinsa daban: in ya zube ana ganinsa, kuma ba ya kamawa da sauƙi sai ya ɗau zafi, in ba an yi masa algus da fetur ba, wanda shi ne asalin yawancin fashewar risho da fitilar ƙwai da aka sha ji. Matar da ta shekara talatin da risho ta iya karanta haɗari da ido. Gas kuwa da hanci ake karanta shi, kuma ba wanda ya zaunar da ita ya koya mata.

Ba a cika tukunyar gas fal. Ana barin wajen kashi ɗaya cikin biyar fanko, saboda ruwan yana kumbura in ya ji zafi, kuma wanda ya san Afrilun Kano, lokacin da ake kai wa digiri 40, ya san wannan ba wasa ba ne. A babbar tashar ciko akwai injin da ke yankewa. A shagon unguwa kuwa, ana kifa babbar tukunya a ɗura wa ƙarama ta tiyo, idon yaron shago da sikelinsa su ne injin. In ya tauye ya cuce ka a aljihu, in ya yi maka gyara ya ƙara, ya fi cutar ka. Kowace tukunya an buga nauyinta na fanko a jikin marikinta, kuma duk mai saye yana iya dubawa ya haɗa da abin da ya biya ya ga ko sikeli ya yarda. A wurin kuma ake buga shekarar da aka ƙera ta. Ƙa'idar SON, hukumar kula da ingancin kayayyaki, ita ce tukunya ba ta wuce shekara 15 tana aiki, a tsakani kuma a riƙa gwada ƙarfinta duk shekara 5. Ban taɓa ganin mai shagon da ya juya tukunya ya duba shekararta kafin ya ɗura ba.

Dalilin a fili yake. A ƙasashe da yawa tukunya ta kamfani ce: ka kai fanko a ba ka cikakkiya, kamfanin ne ke gwada ta, ya gyara, ya jefar da wadda ta tsufa. A nan tukunya taka ce, gadonka ce, ba wanda ke da alhakin lafiyarta sai kai da ba ka da na'urar gwaji. An daɗe ana maganar komawa tsarin musanya, amma tsarin musanya cikakkiyar tukunya yake sayarwa, ba ya sayar da na dubu ɗaya. Ranar da aka tilasta shi ba tare da an samo wa mai ƙaramin ƙarfi wata hanyar biya kaɗan-kaɗan ba, rabin masu gas na unguwanninmu za su koma gawayi. In kuma aka bar abin yadda yake, ana ci gaba da ɗura gas a shagon da ke jikin ɗakin kwanan mutane, kusa da mai shayi da mai walda. A Janairun 2020 irin wannan shago ya tashi a Sabon Tasha ta Kaduna, cikin waɗanda suka rasu har da Farfesa Simon Mallam, shugaban Hukumar Makamashin Nukiliya ta Ƙasa, wanda ba gas ya je saye ba. Ni dai ina ganin ba a rufe shagunan za a fara ba, a fara da fitar da su daga jikin gidaje da koya wa yaran da ke ciki aikin, amma na san wannan ma faɗa ya fi yi sauƙi.

Akwai masu cewa a yi haƙuri, bututun AKK na zuwa, gas zai zama kamar ruwan famfo. Bututun gaskiya ne: kilomita 614 daga Ajakuta ya bi ta Abuja da Kaduna zuwa Kano, an ƙaddamar da aikinsa a Yunin 2020. Amma abin da zai ɗauko ba gas ɗin tukunya ba ne. Miten ne, irin wanda ke shiga gidan ɗan'uwana, mai sauƙi fiye da iska, wanda ba ya zama ruwa da ɗan matsi irin na tukunyar girki. Ko kan girkinsu ba ɗaya ba ne, ƙofar da gas ke fita ta bambanta. Amfaninsa na tashoshin lantarki ne da masana'antun Sharaɗa, Bompai da Chalawa, da motoci masu aiki da gas (CNG), kuma wannan ba ƙaramin abu ba ne ga garin nan. Amma kafin ya shiga madafi sai an haƙa kowane layi an kafa mita a kowane gida. Birtaniya, da take da bututan tun da, sai da ta shekara goma, daga 1967 zuwa 1977, tana bi gida-gida tana sauya kawunan girki kafin ta gama komawa gas ɗin Tekun Arewa. A lungunan cikin Badala da ko ruwan famfo bai wadace su ba, wannan zance ne na wani zamani.

Namu gas ɗin a tanka yake zuwa, tafiyar kilomita wajen 1,000 daga Legas ko daga yankin Neja Delta, kuma kowane rami da kowane shinge na hanya yana cikin farashin kilo. Nijeriya na da arzikin gas fiye da kowace ƙasa a Afirka. Kamfanin NLNG da ke Bonny ya fara ba kasuwar cikin gida tun 2007, a 2022 ya ce duk gas ɗin girkin da yake fitarwa na gida ne, matatar Ɗangote ma ta shigo. Duk da haka farashin yana bin na kasuwar duniya da dala. Cikon kilo 12.5 da yake wajen Naira 4,000 a 2020 ya haura 10,000 kafin ƙarshen 2022, sannan faɗuwar Naira daga 2023 ta ƙara masa. Turawa ma sun ɗanɗana irin wannan: da Rasha ta shiga Yukren a 2022, waɗanda suka bar mai suka koma gas don sauƙi sun ga kuɗin ɗumama gida ya yi tashin gwauron zabo, har Jamus ta yi doka a 2023 mai karkata sababbin na'urorin ɗumama gida zuwa makamashi mai sabuntuwa. Wato suna shirin fita daga ɗakin da mu yanzu muke sallama a ƙofarsa.

Saura ɗumin ɗaki, kuma a nan ne nake so a saurare ni da kyau. Sirrin tsarin Belfast ba mai ba ne, ba kuma gas ba. Sirrin shi ne wuta ba ta kwana ɗaki ɗaya da mutum. Tana cikin akwatinta, hayaƙinta na fita waje, ruwan zafi kaɗai ke shiga ɗaki. Mu kuwa wutar muke shigowa da ita mu rufe ƙofa, mu toshe taga da tsumma. Gawayi a rufaffen ɗaki yana fitar da kabon monoksaid, iskar da ba ta da wari ba ta da launi, wadda ke kama jini fiye da iskar numfashi sau 200 da ɗoriya. Tana farawa da ciwon kai, jiri da tashin zuciya, sai barci mai nauyi. Mutanen ɗaki su tashi da ciwon kai gaba ɗayansu a ce sanyi ne, ko a ce iska ce. Iskar ce kuwa, amma ba wadda ake nufi ba.

Gas bai warware wannan ba. Na ga samari a shago sun kunna ƙaramar tukunya sun bar ta tana ci don ɗaki ya yi ɗumi, suna ganin tunda ba hayaƙi ba matsala. Wutar gas mai launin shuɗi tana ci da tsabta ne muddin iska na shigowa. In iskar ɗakin ta ragu, harshen ya fara ja da rawaya, ita ma gubar nan take fitarwa. Haka na'urar zafafa ruwa mai gas da wasu ke maƙalawa cikin banɗaki ba tare da bututun hayaƙi ba. Wanda ya koma gas ya samu sauƙin girki da ruwan zafi, idon matarsa ya huta, ƙirjin yaran da ke goye ya huta, kuma Hukumar Lafiya ta Duniya, wadda ta ƙiyasta hayaƙin cikin gida na kashe mutum wajen miliyan 3 a shekara, tun 2014 ta ba da shawarar a guji kananzir. Amma maganin ɗaki mai sanyi yana ga bargo, silin, da toshe kafar da iska ke shigowa. Kakanninmu da suka yi katanga mai kauri da rufin azara sun riga mu gane wannan: ginin ƙasa yana shan zafin rana ya sake shi da dare. Mu muka koma bulo da kwano, ɗakin da ke gasa mutum a bazara ya daskarar da shi a hunturu, sannan muke neman wuta ta gyara abin da magini ya ɓata.

Gwaggo dai daga baya ta yarda da gas, bayan ɗan nata ya turo kuɗi ya kuma haɗa ta da Allah. Na sayo mata mai kilo 6, muka ajiye a rumfar tsakar gida inda iska ke wucewa. Na kaɗa ruwan omo na shafa a wuyan tukunyar da mahaɗar kan, muka tsuguna ni da ita muna kallo ko kumfa za ta taso. Ba ta taso ba. Na nuna mata: ashana tukuna, sannan a murɗa, in an ji wari kada a taɓa makunni, a buɗe ƙofa a fitar da ita fili.

"To Gwaggo, ki gwada da kanki."

"Bari dai in yi bisimilla. Abin da ba ya hayaƙi ai munafuki ne."

Yanzu da shi take dafa ruwan alwalar asuba da shayi. Tuwo da wake suna nan a kan gawayi, ta ce gas ba ya gane tuwo. Kaskon ma yana nan, sai dai mun yi yarjejeniya ana fitar da shi kafin a kwanta. Rishon ta goge shi ta ɗora a kan kwaba, ta ce saboda tsaro.

Tsaron ya zo a farkon Oktoban 2025, lokacin da yajin aikin PENGASSAN, ƙungiyar manyan ma'aikatan mai da gas, ya tsayar da lodi a kudu, gas ya yi wuya a gari. Nata ya ƙare ranar Juma'a, shagon bakin layi a rufe, na gaba kuma layin tukwane har kan titi. Ta sa aka sauko da rishon, ta gyara lagwani, ta ba jikanta kwalba da kuɗi. Yaron ya daɗe bai dawo ba. Da ya shigo, kwalbar fanko, ya ce ya zaga lungu uku, gidan da aka saba saye sun ce sun fi shekara biyu da daina sayar da kananzir.